Glenda Jackson: Tambayoyi da Amsoshi a Kan Jarumar da Ta Bar Dandamali Ta Shiga Majalisa, Ta Kuma Dawo

Glenda Jackson ta shafe shekaru sama da talatin tana wasan kwaikwayo a kan dandamali da fim da talabijin, sannan ta ajiye sana'ar baki ɗaya ta zauna a majalisar dokokin Birtaniya tsawon shekara 23, daga bisani ta koma dandamali tana da shekara 80 ta ɗauki ɗaya daga cikin rawar da ta fi kowace nauyi a wasannin Shakespeare. Ga tambayoyin da aka fi yi game da ita, tare da amsoshinsu.

Wace ce Glenda Jackson, kuma daga wane irin gida ta fito?

An haife ta ranar 9 ga Mayu, 1936, a Birkenhead, garin da ke fuskantar Liverpool ta ɗaya gaɓar kogin Mersey a arewa maso yammacin Ingila, kuma ba da daɗewa ba iyayenta suka koma Hoylake, wani ƙaramin gari a bakin teku, inda ta tashi. Mahaifinta birkila ne, mahaifiyarta kuwa ta yi aikin shara da goge-goge a gidajen mutane, ta kuma yi aiki a kanti da mashaya. Ita ce babba a cikin 'ya'ya mata huɗu. An raɗa mata sunan wata jarumar Hollywood mai suna Glenda Farrell, abin da ke nuna cewa ko da gidan bai da dukiya, akwai sha'awar zuwa silima a cikinsa.

Wannan asali yana da muhimmanci ga duk wanda ke son fahimtar rayuwarta, domin a Birtaniya ta wancan zamani gidan da mutum ya fito da irin harshen da yake magana da shi su ne ke yanke masa inda zai iya kaiwa. Ta tashi a lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, mahaifinta yana aikin sojan ruwa, mata ne ke riƙe da gida da unguwa, kuma wannan abin da ta gani da idonta tana yarinya shi ne ta sake ɗaukowa shekaru saba'in bayan haka a cikin jawabinta mafi shahara a majalisa.

Yaya aka yi ta shiga wasan kwaikwayo?

Ta yi makarantar sakandaren 'yan mata ta West Kirby, amma jarrabawarta ta ƙarshe ba ta yi kyau ba, ta bar makaranta tana da shekara 16 ta kama aiki a kantin magani na Boots, inda ta yi shekara biyu tana sayar da kaya. A wannan lokaci ne ta shiga wata ƙungiyar masu wasa don sha'awa a garinsu. A 1954 ta sami gurbi tare da tallafin karatu a RADA, makarantar koyon wasan kwaikwayo da ta fi kowace suna a Landan. Tallafin hukuma ne ya buɗe wannan ƙofa ga 'yar birkila, kamar yadda ya buɗe wa samari da 'yan mata da dama daga gidajen ma'aikata a shekarun da suka biyo bayan yaƙi, kuma ba ta taɓa mantawa da hakan ba a duk lokacin da ake muhawara a kan kuɗin makaranta.

A 1957 ta fara fitowa a matsayin ƙwararriya a wasan Separate Tables na Terence Rattigan. Sai dai hanya ba ta miƙe ba nan take. Ta yi shekaru tana yawo a ƙananan kamfanonin wasa na larduna, irin waɗanda ke sauya wasa kowane mako ko biyu, ta yadda ɗan wasa yana gabatar da wannan da dare yana haddace na gaba da rana. Akwai kuma tsawon lokaci, fiye da shekara biyu, da ba ta sami aikin wasa ko ɗaya ba, ta koma kai abinci a gidan shan kofi, da aikin ofis, da sayar da kaya a kanti. Fuskarta ba irin wadda masu ɗaukar jarumai ke nema ba ce a lokacin, kuma tun tana makaranta aka gaya mata kada ta sa rai da samun aiki sosai kafin ta manyanta.

Wane aiki ne ya fara fito da sunanta?

Sauyin ya zo ne ta hannun darakta Peter Brook. Ya ɗauke ta cikin ƙungiyar da ya haɗa a ƙarƙashin kamfanin Royal Shakespeare Company domin gwada wani salon wasa mai girgiza ɗan kallo, wanda ya samo asali daga tunanin Bafaranshen nan Antonin Artaud. Daga wannan gwaji ne aka kai ga wasan Peter Weiss da aka fi sani da Marat/Sade, wanda aka buɗe a Landan a 1964.

Labarin wasan yana faruwa ne a gidan masu taɓin hankali na Charenton a Faransa a 1808, inda majinyata ke kwaikwayon kisan Jean-Paul Marat, ɗaya daga cikin jagororin juyin juya halin Faransa, wanda Charlotte Corday ta daɓa wa wuƙa a 1793. Aikin Glenda Jackson ya kasance mai hawa biyu: ta fito a matsayin majinyaciya mai ciwon barci da baƙin ciki, wadda ita kuma aka ɗora wa kwaikwayon Corday. Dole ɗan kallo ya ga matar da ke fama da jikinta don ta tsaya a farke, a lokaci guda kuma ya ga mai kisan da ta yanke shawara ba gudu ba ja da baya. Wasan ya ƙetara zuwa Broadway, unguwar manyan gidajen wasa a New York, a ƙarshen 1965, aka sa sunanta cikin masu takarar lambar Tony ta wasan dandamali a Amurka, aka kuma mayar da shi fim a 1967. A 1965 ta fito a matsayin Ophelia, budurwar yarima Hamlet, a wasan Hamlet na Shakespeare da Peter Hall ya ba da umarni, tare da David Warner, kuma masu sharhi suka lura cewa wannan Ophelia ba mai sanyin jiki ba ce kamar yadda aka saba gani, har wata daga cikinsu ta rubuta cewa a shirye take ta ɗauki rawar Hamlet ɗin kansa. A 1966 ta sake aiki da Brook a US, wasan da ya soki yaƙin Vietnam.

Da waɗanne finafinai ta ci lambar Oscar?

Sau biyu ta ci lambar jarumar da ta fi kowa, kuma finafinan biyu sun yi hannun riga da juna. Na farko shi ne Women in Love na 1969, wanda Ken Russell ya ba da umarni, aka ɗauko daga littafin D. H. Lawrence. Ta fito a matsayin Gudrun Brangwen, mai sassaƙa mai kaifin hankali da taurin kai, wadda soyayyarta da ɗan mai mahaƙar kwal, rawar da Oliver Reed ya taka, ta rikiɗe ta zama gwagwarmayar wanda zai danne wani. Alan Bates da Jennie Linden su ne sauran manyan jaruman. Tana ɗauke da juna biyu lokacin da ake ɗaukar fim ɗin. An ba ta lambar a bikin 1971.

Na biyu shi ne A Touch of Class na 1973, fim na barkwanci da soyayya tare da George Segal, wanda ya kawo mata lambar a 1974. Hanyar da ta kai ta wannan fim abin lura ce. A 1971 ta amsa gayyatar fitattun masu barkwancin BBC guda biyu, Morecambe da Wise, ta fito a matsayin Cleopatra a wani ɗan wasan ban dariya da aka rubuta da gangan cikin lalataccen Turanci, ita kuma ta karanta layukan da cikakkiyar natsuwa tamkar wani babban adabi. Darakta Melvin Frank ya gani, ya gane cewa matar da kowa ke ɗauka ta wasannin tashin hankali ce kawai ta iya ban dariya, ya ba ta aikin.

An kuma sa ta cikin masu takara sau biyu ba tare da ta ci ba: a Sunday Bloody Sunday na John Schlesinger a 1971, wanda ya ba ta lambar BAFTA ta finafinan Birtaniya, da Hedda na 1975, wanda Trevor Nunn ya ɗauko daga wasan marubucin Norway Henrik Ibsen. A ganin mai wannan rubutu, aikinta a Sunday Bloody Sunday ya fi na A Touch of Class nauyi nesa ba kusa ba, domin a can ne ta nuna mace mai hankali wadda ta san ana ba ta ragowar soyayya, ta karɓa na ɗan lokaci, sannan ta yanke hukuncin cewa rashi ya fi irin wannan samu. Amma masu raba lambobi ba kullum suke bin nauyin aiki ba.

Da gaske ne ba ta halarci bikin Oscar ba?

Gaskiya ne, duka sau biyun da ta ci ba ta je ba, kuma dalilin da ta bayar shi ne tana aiki. Gumakan lambar kuwa ta miƙa su ga mahaifiyarta. A hirarraki da dama ta nanata cewa amfanin lambar yabo shi ne idan ta jawo wani aikin, ban da haka ba ta ƙara wa ɗan wasa ƙwarewa ko ƙwayar zarra.

Me ya sa ake yawan danganta ta da Sarauniya Elizabeth ta Ɗaya?

Saboda shirin BBC mai kashi shida mai suna Elizabeth R da aka nuna a 1971, wanda ya bi rayuwar sarauniyar da ta mulki Ingila daga 1558 zuwa 1603, tun tana gimbiya da rayuwarta ke hannun 'yar'uwarta Mary, har zuwa mutuwarta tana tsohuwa. Glenda Jackson ta aske gashin goshinta don ya yi daidai da hotunan sarauniyar, ta jure sa'o'i na kwalliya don fuskar ta tsufa daga kashi zuwa kashi. Abin da ya fi kwalliyar tasiri shi ne yadda ta nuna Elizabeth a matsayin 'yar siyasa, mai auna kowace kalma a gaban fadawa da jakadu, mai amfani da maganar aurenta a matsayin makamin diflomasiyya ba tare da ta taɓa yin auren ba. Shirin ya ci mata lambobin Emmy biyu, na shirye-shiryen talabijin, a Amurka a 1972. A shekarar 1971 ɗin dai ta sake fitowa a matsayin Elizabeth a fim ɗin Mary, Queen of Scots, inda Vanessa Redgrave ta fito a matsayin sarauniyar Scotland.

Ga miliyoyin 'yan Birtaniya da ba su taɓa shiga gidan wasa na Aldwych da ke Landan, inda ta yi Marat/Sade, ba, wannan shiri ne ya gabatar musu da ita a cikin ɗakunansu.

Mene ne ya bambanta salon wasanta da na sauran jarumai mata na zamaninta?

Abu na farko shi ne murya. Muryarta mai kauri ce, mai fitar da kowane harafi a sarari, tana iya cika babban zaure ba tare da ihu ba, tana kuma iya yanka mutum da kalma ɗaya da aka faɗa a hankali. Abu na biyu shi ne ba ta neman ɗan kallo ya so ta. Jarumai da yawa, ko da sun fito a matsayin mugaye, sukan bar wata 'yar kafa da mai kallo zai tausaya musu ta cikinta, ita kuwa takan bar halin matar da take kwaikwaya yadda marubuci ya rubuta shi, da girman kansa da zafinsa, ta bar wa mai kallo aikin yanke hukunci. Wannan ne ya sa ta dace da matan da ke cikin wasannin marubuta irin su Ibsen da Lorca da Racine da O'Neill, waɗanda aka ƙuntata su a cikin gida ko aure ko al'ada, hankalinsu ya fi ƙarfin kejin da aka sa su.

Tana cikin tsara guda da Judi Dench da Maggie Smith, waɗanda aka haifa a 1934, da Vanessa Redgrave da aka haifa a 1937. Redgrave 'yar gadon wasa ce, iyayenta da kakanninta na wajen uba duk 'yan dandamali ne, Glenda Jackson kuwa haye ta yi. Ta ɗauki wasa a matsayin sana'a irin ta mahaifinta: a zo kan lokaci, a san aiki, a gama a tafi gida. Ba ta damu da kwalliya ko bukukuwan taurari ba, kuma ta sha kokawa cewa marubuta ba sa ganin mace a matsayin wadda labari zai rataya a wuyanta, sai dai matar wani ko uwar wani ko budurwar wani. Wannan ƙorafi ta yi shi a shekarun 1970, ta kuma maimaita shi bayan dawowarta, tana cewa abin mamaki ne yadda duniya ta sauya amma rubutun wasa bai sauya ba.

Wannan salo yana da iyakarsa. A wasu finafinan da rubutunsu ba shi da ƙarfi, ƙarfin nata yakan rinjayi labarin har ya zama kamar ana kallon ta ita kaɗai, kuma wasu masu sharhi sun zarge ta da sanyin zuciya a rawar da ke buƙatar taushi. Duk wanda ya ga Stevie, inda ta fito a matsayin marubuciyar waƙoƙi Stevie Smith da ke zaune da 'yar'uwar mahaifiyarta a wata unguwar bayan gari ta Landan, zai ga cewa zargin bai kama ta gaba ɗaya ba. Ta yi wasan a dandamali a 1977, aka mayar da shi fim a 1978.

Waɗanne ayyuka ta yi tsakanin lambobin Oscar da shigarta siyasa?

Ta yi finafinan Hollywood masu sauƙi da suka yi kasuwa, musamman House Calls na 1978 da Hopscotch na 1980, duka biyun tare da Walter Matthau. Ta fito da Michael Caine a The Romantic Englishwoman na Joseph Losey a 1975, da Ben Kingsley a Turtle Diary a 1985. Ta ci gaba da aiki da Ken Russell, har a 1989 ta fito a The Rainbow a matsayin mahaifiyar Gudrun ɗin da ta kwaikwaya shekara ashirin da suka wuce.

Amma zuciyarta tana dandamali. A 1978, shekarar da aka ba ta lambar girmamawa ta CBE, ta koma hannun Peter Brook ta fito a matsayin Cleopatra ta Shakespeare tare da Alan Howard. Ta yi Strange Interlude na Eugene O'Neill, wasan da ke cin kusan sa'a biyar, a Landan da New York a 1984 da 1985, ta yi Phaedra a 1984, da The House of Bernarda Alba a 1986, da Macbeth a Broadway tare da Christopher Plummer a 1988, da Mother Courage na Brecht a Glasgow a 1990.

Me ya kai ta siyasa alhali tana da suna da aiki?

Ba sabuwar shiga ba ce, domin tun tana 'yar shekara 16 ta shiga jam'iyyar Labour, kuma tana cikin masu adawa da mulkin wariyar launin fata na Afirka ta Kudu. Abin da ya tura ta tsayawa takara, kamar yadda ta sha faɗa, shi ne mulkin Margaret Thatcher, wadda ta riƙe muƙamin Firaminista daga 1979 zuwa 1990. Ta ga an rufe masana'antu a arewacin da ta fito, an raunana ƙungiyoyin ƙwadago, marasa matsuguni sun yawaita a titunan Landan, ta kuma ce a shirye take ta yi duk abin da doka ta yarda da shi don a kawar da wannan gwamnati.

A zaɓen 1992 ta tsaya a mazaɓar Hampstead da Highgate a arewacin Landan, kujerar da ke hannun jam'iyyar Conservative, ta kayar da Oliver Letwin, duk da cewa jam'iyyarta ta faɗi a ƙasa baki ɗaya, John Major ya ci gaba da mulki. Daga ranar ta daina wasa kwata-kwata. Hujjarta ita ce wakilcin jama'a aiki ne na cikakken lokaci, kuma ba za a raba shi da wani ba.

Wane tasiri ta yi a majalisa?

A nan ya kamata a faɗi gaskiya: matsayin da ta kai a siyasa bai kusanci wanda ta kai a wasa ba. Lokacin da Tony Blair ya ci zaɓe a 1997, ya naɗa ta ƙaramar ministar sufuri mai kula da harkokin Landan, ta riƙe muƙamin har 1999, ta sauka don neman tikitin jam'iyya na kujerar magajin garin Landan da aka ƙirƙiro a lokacin. Ta zo ta uku bayan Frank Dobson da Ken Livingstone. Dobson ya sami tikitin, amma Livingstone ya tsaya a matsayin ɗan takara mai zaman kansa ya lashe zaɓen a 2000. Daga nan ba ta sake shiga gwamnati ba.

Sauran shekarunta ta yi su a kujerun baya, wato na 'yan majalisar da ba su da muƙami, ta zama ɗaya daga cikin masu sukar Blair daga cikin gida. Ta yi adawa da yaƙin Iraƙi na 2003, ta nemi Blair ya sauka bayan mutuwar masanin makamai David Kelly a wannan shekara, ta kuma ƙi amincewa da ƙarin kuɗin jami'a. Waɗanda suka zaci za su ga tauraruwa a majalisa sun tarar da mace mai sa tufa ba ado, mai ba da lokacinta ga matsalolin gidaje da sufuri da koke-koken mutanen mazaɓarta. A 2010, bayan an sake shata iyakar mazaɓar ta koma Hampstead da Kilburn, ta tsira da ratar ƙuri'a 42 kacal a kan Chris Philp na Conservative, ɗaya daga cikin mafi ƙanƙantar rata a zaɓen. Ta sauka a 2015, Tulip Siddiq ta gaje ta.

Me ta faɗa game da Margaret Thatcher da ya jawo ce-ce-ku-ce?

Thatcher ta rasu ranar 8 ga Afrilu, 2013, aka kira majalisa daga hutu bayan kwana biyu don a yi mata jawaban girmamawa. Yawancin 'yan Labour da ba sa son yabo sun ƙaurace wa zaman, Glenda Jackson kuwa ta zo, ta miƙe ta yi magana ba takarda a hannunta. Ta ce aƙidar Thatcher ta yi wa ƙasar mummunar ɓarna a tattalin arziki da zamantakewa da ruhi. Ta kawo misalin makarantu a mazaɓarta da ake ɗaure littattafansu da salatif don kada su wargaje, da asibitocin da suka lalace, da ƙofofin kantunan Landan da suka zama ɗakin kwanan marasa gida. Ta ce abubuwan da aka koya mata tana yarinya cewa aibi ne, irin su haɗama da son kai da rashin tausayin mai rauni, a zamanin Thatcher aka mayar da su abin yabo. Sannan ta taɓo maganar cewa Thatcher ce mace ta farko da ta zama Firaminista, ta kwatanta ta da matan da suka rene ta lokacin yaƙi, waɗanda suka riƙe gidaje da masana'antu maza suna fagen daga, ta ce a ma'auninta Thatcher ba ta wakiltar irin wannan matantaka.

'Yan Conservative sun yi ta ihu don su katse ta, amma wadda ta saba cika gidan wasa da murya ba a rufe mata baki da hayaniya. Wani ɗan majalisa ya kai ƙara cewa zaman na girmamawa ne, kakakin majalisa John Bercow ya yanke hukunci cewa ba ta saɓa ƙa'ida ba. Bidiyon ya yaɗu a intanet, ya kai ga matasan da ba su taɓa ganin fim ɗinta ko ɗaya ba. Har yau ra'ayi ya rabu: wasu na ganin rashin dattaku ne a soki mamaci kafin a binne shi, wasu na ganin majalisa wurin faɗin gaskiyar siyasa ce ko da a ranar makoki. Mai wannan rubutu yana ganin sashen da ta yi magana a kan makarantu da marasa gida ya tsaya da ƙafarsa, amma sashen da ta auna matantakar Thatcher ya fi rauni, domin ya bar manufofi ya koma kan mutum.

Yaya aka yi mace mai shekara 80 ta fito a matsayin Sarki Lear?

Bayan ta bar majalisa ta fara da rediyo, a wani jerin wasanni na BBC Radio 4 da aka ɗauko daga littattafan Emile Zola. A ƙarshen 2016 ta hau dandamalin Old Vic a Landan, ƙarƙashin umarnin Deborah Warner, bayan kimanin shekara 25 rabonta da dandamali. King Lear labari ne na tsohon sarki da ya raba mulkinsa tsakanin 'ya'yansa mata gwargwadon yadda kowace ta iya furta ƙaunarsa, ya kori ƙaramar, Cordelia, da ta ƙi yi masa daɗin baki, daga baya manyan biyu, Goneril da Regan, suka wulaƙanta shi har ya fita cikin hadari hankalinsa ya gushe. Wasan yana wuce sa'a uku, kuma manyan jarumai maza da dama sun same shi da wuya suna da ƙarancin shekaru.

Ba a mayar da sarkin sarauniya ba, ba a kuma sauya layukan ba. Hujjar da ta bayar ita ce idan mutum ya tsufa sosai, katangar da ke raba namiji da mace takan fara rushewa, abin da ke saura shi ne tsoho mai iko da ya ga ikon yana zamewa daga hannunsa. Ta kuma shafe shekara 23 tana kallon masu mulki da ba su saba jin an ce musu a'a ba, wanda hakan ba ƙaramin shiri ba ne ga wannan rawa. Masu sharhi sun yaba, ta ci lambar jarumar shekara ta jaridar Evening Standard a 2017. Ta sake ɗaukar Lear a Broadway a 2019 ƙarƙashin Sam Gold, inda aka yabi aikinta fiye da yadda aka yabi tsarin wasan.

Waɗanne lambobi ta ci bayan dawowarta?

A 2018 ta fito a Broadway a Three Tall Women na Edward Albee tare da Laurie Metcalf da Alison Pill, a matsayin attajirar tsohuwa da ta haura shekara 90, mai zafin baki, wadda tunaninta ke zuwa yana tafiya. Wannan ya ba ta lambar Tony, bayan takara huɗu da ta yi a baya ba ta ci ba, ta shiga sahun 'yan wasa ƙalilan da suka haɗa Oscar da Emmy da Tony. A 2019 ta koma talabijin a Elizabeth Is Missing na BBC, wanda aka ɗauko daga littafin Emma Healey, ta fito a matsayin Maud, tsohuwa mai ciwon mantuwa da ke neman ƙawarta da ta ɓace alhali ba wanda ya yarda da maganarta. Ta ci BAFTA ta talabijin da Emmy ta ƙasa da ƙasa a 2020. Ta yi amfani da hirarrakin da suka biyo baya wajen jawo hankali ga yadda ake barin iyalai su kaɗai da nauyin kula da masu wannan ciwo.

Ta yi aure, kuma tana da 'ya'ya?

Ta auri Roy Hodges, abokin aikinta a kamfanin wasa, a 1958, suka rabu a 1976, ba ta sake aure ba. Ɗansu ɗaya, Dan Hodges, an haife shi a 1969, kuma sanannen mai sharhin siyasa ne a jaridun Birtaniya, wanda ra'ayinsa kan sha bamban da na mahaifiyarsa. A shekarunta na ƙarshe tana zaune ne a sashen ƙasa na gidan da ɗan nata da iyalinsa ke ciki a Blackheath, kudu maso gabashin Landan.

Yaushe ta rasu, kuma wane ne fim ɗinta na ƙarshe?

Ta rasu a gidanta na Blackheath ranar 15 ga Yuni, 2023, bayan gajeriyar rashin lafiya, tana da shekara 87. Kafin nan ta kammala The Great Escaper, inda ta sake haɗuwa da Michael Caine kusan shekara 50 bayan fim ɗinsu na farko. Fim ɗin ya ginu ne a kan labarin gaskiya na Bernard Jordan, tsohon sojan ruwa da ya sulale daga gidan kula da tsofaffi a Hove a 2014 ya ƙetara zuwa Normandy a Faransa don halartar bikin cika shekara 70 da saukar sojojin ƙawance a can lokacin Yaƙin Duniya na Biyu. Ita ta fito a matsayin matarsa Irene, wadda ta ƙarfafa masa gwiwar tafiya, ta kuma rufa masa asiri a wurin ma'aikatan gidan. An saki fim ɗin a watan Oktoba na 2023, wata huɗu bayan rasuwarta, kuma a wannan watan ne Michael Caine ya sanar da cewa shi ma ya yi ritaya.

Wanda bai taɓa ganin aikinta ba, da wanne ya kamata ya fara?

Elizabeth R ne mafi dacewa, domin yana nuna faɗin iyawarta daga ƙuruciya zuwa tsufa a cikin rawa guda, kuma iyali na iya kallonsa tare. Bayansa sai Elizabeth Is Missing, wanda zai taɓa duk wanda ya taɓa jinyar tsohon da ya fara mantuwa. Mai son dariya ya nemi Hopscotch. Finafinan da ta yi da Ken Russell, musamman Women in Love da The Music Lovers na 1971, suna ɗauke da tsiraici da al'amuran manya, haka ma jigon Sunday Bloody Sunday da A Touch of Class na manya ne, don haka ya kamata mai kallo ya san da wannan tun kafin ya kunna. Yawancin manyan ayyukanta na dandamali ba a mayar da su fim ba, amma Marat/Sade na 1967 yana nan da 'yan wasan da suka yi shi a gaban 'yan kallo, haka kuma jawabinta na Afrilun 2013 yana nan a YouTube.